Me Ya Sa Mu Ke Cewa Ɗan'uwa?

Akwai waɗansu kalmomi da baki ya saba da su ƙwarai, har kunne ya bar jin abin da ke cikinsu. Ɗaya daga cikinsu ita ce wadda mu ke so mu kwance wa masu karatu yau, watau ɗan'uwa. Kowa ya san ta, yaro da babba, ba kuwa ranar da za ta fito ta faɗi Bahaushe bai furta ta ba. Amma a tsaya a raba ta biyu a ji: ɗan, uwa. Ɗan da uwa ta haifa ke nan. Mace kuwa 'yar'uwa, in suna da yawa 'yan'uwa, abin da ke tsakaninsu 'yan'uwantaka. To, ga abin mamaki. Mu mutane ne masu bin uba. Da sunan uba a ke kiran yaro a makaranta, gidan uba a ke gado, gonar uba a ke rabawa, sana'ar uba a ke koya, ɗan maƙeri maƙeri, ɗan wanzami wanzami, sarauta kuma ba ta zuwa sai ta tsatson namiji. Duk da haka, sa'ad da mu ke son mu ambaci wanda ya fi kusa da mu, wanda za mu danƙa wa amana mu yi barci, ba mu sami abin da za mu jingina shi da shi ba sai uwa.

Harshen bai rasa ɗaya kalmar ba. Akwai ta, ɗan'uba, sai dai kowa ya san ba a faɗinta da sakin fuska. Ɗan'uba shi ne wanda kuka haɗa uba, uwa kowa da tasa, kuma daga gare shi aka sami 'yan'ubanci, wanda ma'anarsa ta tashi daga zumunta ta koma gasa, da ƙyashi, da jiran a ga faɗuwar juna. In aka ce wane yana yi wa wane 'yan'ubanci, ko da ba su haɗa komi ba, an gane nufi. Mutum mai ladabi ma ba ya nuna wanda suka haɗa uba ya ce ga ɗan'ubana. Sai ya ce ɗan'uwana ne, ubanmu ɗaya. Ya ara masa uwar da ba tasa ba don ya girmama shi. Haka kalmar ta yi ta faɗi, ta rufe ɗan baffa da ɗan goggo, ta rufe mutumin garinku in kun gamu a baƙon wuri, har liman ya hau mumbari ya kira dukan Musulmi da ita.

Wannan ya sa waɗansu masana, na Turawa da namu, suka ce lalle a zamanin da Hausawa ta wajen uwa su ke ƙidaya asali, Musulunci ne ya zo ya juya abin. Turawa suna da kalma guda ta littafi da su ke kiran irin wannan al'ada da ita. Mu ba mu da guda, sai mu ce bin dangin uwa, ko gado ta wajen uwa. Yaran makaranta sukan tsinci maganar nan, su haɗa ta da labarin sarauniyoyin Daura, su zubo mana ita a takardar jarrabawa kamar shari'ar da alƙali ya riga ya yanke. Mu dai a ganinmu ba a yanke ba. Kafin a ce mutane suna bin uwa, ya kamata a duba yadda masu bin uwa na ainihi su ke yi.

Wani malami na Andalus, Albakari, ya rubuta labarin tsohuwar daular Gana a 1068. Ya ce sarkinsu na lokacin, Tunka Manin, ya hau gado a 1063, kuma wanda ya gada, Basi, kawunsa ne, ɗan'uwan uwarsa. Dalilin da aka ba shi kuwa shi ne sarki ba ya shakkar ɗan da 'yar'uwarsa ta haifa jininsa ne, ɗan matarsa kuwa sai dai ya yarda. Bayan shekara kusan ɗari uku, a 1352, Ibn Baɗɗuɗa ya sauka Walata, a bakin hamada, ya tarar mutum yana danganta kansa da kawunsa, kuma 'ya'yan 'yar'uwa ke cin gado, 'ya'yan ciki suna kallo. Abin da ya ƙara ɗaure masa kai, mutanen nan Musulmi ne masu kiyaye salla, masu karatun fiƙihu. A lura da wannan da kyau, gama yana nuna al'adar ba ta narkewa don kurum an yi kalmar shahada.

Ba sai mun tafi nesa haka ba. Abzinawan da mu ke ganin raƙumansu a kasuwar Maigatari ran Alhamis, a cikin danginsu akwai masu wannan hali, ko da ya ke ba dukansu ba. Manyan Ahaggar suna kai asalinsu ga mace guda, Tin Hinan, wadda aka tone kabarin da a ke danganta mata a Abalesa a 1925, kuma ikon riƙe tambari a wurinsu ta jinin mata ya ke bi. A farkon sarautar Agadas ma, cikin ƙarni na 15, ɗan 'yar'uwar sarki ya kan gaje shi. Fataken goro kuwa da suka yi ta bin hanyar Gwanja sun dawo da labarin Tonawa, watau mutanen Asante, inda yaro ya ke shiga dangin uwarsa ɗungum, ɗan sarki ba ya hawa kujerar ubansa, kuma babbar mace ta gidan sarauta ita ke nuna wanda za a naɗa. To, wannan shi ne bin uwa na sosai: dukiya da sarauta su tsallake ɗan cikinka su faɗa kan ɗan 'yar'uwarka.

Yanzu mu auna ƙasarmu da wannan mudu. Mu ɗauki ƙasar Gumel, wadda ta ƙunshi Gumel da Maigatari da Gagarawa da Sule Tankarkar a arewacin Jihar Jigawa, don ta dace da maganar ta fuska biyu. Tana bakin iyakar Hausa da Barno, kuma jihadin 1804 bai ci ta ba, saboda haka ba mai cewa Fulani ne suka zo suka sake mata tsari. Mangawa ne suka kafa sarautar wajen 1750, Ɗan Juma ne na farinsu, kuma Barno su ke bi. Sarki Maikota ya yi mulki daga 1777 zuwa 1804, ya bar 'ya'ya uku da suka hau gado bi da bi: Kalgo daga 1804, Ɗan Auwa daga 1811, sa'an nan Muhammadu Ɗan Tanoma daga 1828 har 1851, wanda a zamaninsa aka bar Tumbi, da ke cikin Nijar yanzu, aka zauna Gumel.

A sake duban sunayen nan. Ba Bahaushen da ke bukatar a gaya masa Auwa da Tanoma sunayen mata ne. Auwa ita ce Hauwa, Tanoma kuwa yarinyar da aka haifa lokacin noma. Kada a rikita su da Ɗanjuma da Ɗanladi, waɗanda sunayen rana ne, gama namijin da ya faɗo cikin noma Nomau a ke ce masa. (Ko sunayen ranar ma, in an duba, da yawansu a kan na mata aka gina su: Ladi da Ɗanladi, Lami da Ɗanlami, Asabe da Ɗan'asabe.) Ga sarakuna biyu ke nan, mazaje, masu yaƙi, tarihi ya riƙe su da sunan mace. Mai gaggawa zai ce to ga shaida. Amma me ya kai su gadon? Maikota ne. Bayan Ɗan Tanoma 'ya'yansa huɗu suka ci sarautar, Ceri da Muhammadu Atu da Abdullahi da Abubakar, daga 1851 har 1896. Sai Ahmadu ɗan Abubakar, wanda Turawa suka tarar a 1903, sai ɗansa Muhammadu na Kota a 1915, sai ɗan wannan, Maina Muhammadu, a 1944. Tun daga Maikota har nan ba inda rawani ya kauce ya faɗa kan ɗan 'yar sarki.

Ashe sunan macen wani aiki ya ke yi dabam. A gidan da 'ya'yan sarki suka yi yawa, in an ce ɗan Maikota ba a bambanta kowa ba, gama duka 'ya'yan Maikota ne. Sai an ambaci uwar da ta haife shi, ko wadda ta goya shi, kāna a san wanda a ke nufi, a kuma san su wane ne ke bayansa. Abin da uba ya bari kuwa shi a ke faɗa a kai. Bature matafiyin nan Barth, wanda a ke kira Abdulkarimu, ya bi ta Gumel a watan Maris 1851, shekarar da Ɗan Tanoma ya rasu, ya tarar da gari cike, babbar kasuwar kanwa tana ci. Da ya komo a ƙarshen 1854 sai ya iske garin ya rame, saboda rikicin magada. Jerin sarakunan ma ya nuna haka: Ceri ya hau a 1851, aka kawar da shi a 1853 Atu ya hau, Ceri ya komo a 1855. Rawani ɗaya ne, kawuna da yawa.

Wannan al'ada ta kiran sarki da uwarsa tsohuwa ce a Barno, inda Mangawa suka fito da tsarin sarautarsu. A Barbarci in an liƙa "mi" a ƙarshen suna, ɗan wane ko ɗan wance ke nan. Mai Dunama Dabbalemi na ƙarni na 13 ɗan Dabale ne, Mai Ali Gaji a kan ce masa Zainami, ɗan Zainabu, Mai Idirisu Alauma kuma Amsami, ɗan Amsa. Girgam ɗin sarakunansu, wanda Barth ya samu a Kukawa, yana kawo sunan uwar sarki, wani lokaci har da ƙabilarta. Magira, uwar Mai, tana da fada da ƙasa da bayi. Duk da haka gidan Saifawa ya yi ɗaruruwan shekaru yana miƙa sarauta ta wajen maza.

Kano ma haka. Mai karanta Tarihin Kano zai ga da wuya marubucin ya wuce sarki bai faɗi sunan uwarsa ba. Muhammadu Rumfa, wanda ya yi sarauta daga 1463 zuwa 1499, uwarsa Faɗimatu. Ɗansa Abdullahi, uwarsa Auwa, wadda aka sani da Madaki Auwa. Jikansa Muhammadu Kisoki kuwa, daga 1509 zuwa 1565, ya riƙe gari ne tare da uwarsa Iya Lamis, da kakarsa Madaki Auwa, da Guli ɗan'uwan kakar. A zamaninsa ne a ke fara jin sarautar Ɗan Iya, wadda sunanta kaɗai ya isa bayani. Dangin uwa sun sami iko ƙwarai a fadar nan, har ya zama abin tashin hankali bayan rasuwar Kisoki, amma ikon tsayawa bayan sarki ne. Guli bai taɓa zama Sarkin Kano ba, ba kuwa hanyar da zai zama. Har yanzu uwar Sarkin Kano Mai Babban Ɗaki a ke ce mata, kuma a riƙe kalmar nan ɗaki, za mu komo gare ta.

Saura Daura, wadda ita ce babbar hujjar masu waccan magana. Gaskiya ne girgam ɗin Daura ya fara da jerin mata, tun daga Kufuru har a zo kan Daurama, kuma sarautar Magajiya ta wanzu da ƙarfinta bayan maza sun karɓi gari. Ba mu raina wannan ba. Sai dai mace ta yi mulki abu ɗaya ne, a ƙidaya asali da gado ta wajen uwa wani abu ne. Ingila ta yi sarauniya Biktoriya daga 1837 zuwa 1901, Ingilishi kuwa ba su bar ɗaukar sunan uba ba ko na kwana ɗaya. Abin da ya fi jan hankalinmu a labarin Bayajida shi ne yadda ya raba 'ya'yansa. Uba ɗaya ne, ɗakuna uku. 'Yar Mai na Barno ta haifi Biram a Garun Gabas, nan kusa da mu wajen Haɗeja. Kuyanga ta haifi Karɓagari. Sarauniya ta haifi Bawo, kuma sunayen yaran biyu kansu habaici ne tsakanin kishiyoyi, wannan ta ce a karɓe gari, waccan ta ce a bayar da shi a mayar. Ko labarin ya faru haka ko bai faru ba, wanda ya tsara shi ya san gidan Bahaushe ciki da bai. Da ya so ya ce waɗansu ƙasashe na gida ne, waɗansu kuwa na gefe, bai ba su uba dabam ba, ɗaki dabam ya ba su.

Akwai kuma shaidar Maguzawa, waɗanda ba su bar addinin kakanni ba. Da a ce Musulunci ne ya kawo bin uba, da a wurinsu za a sami tsohon tsari. Wani masani Ba'amurke, Greenberg, ya zauna da Maguzawan ƙasar Kano a 1938 da 1939, ya tarar dangi da kan gida da gandu duk ta wajen uba su ke bi.

To, in ba ragowar tsohon gado ba ce, daga ina kalmar ta fito? Mu a ganinmu daga tsakar gida ta fito. A shiga gidan mai mata uku ko huɗu a duba. Ga zaure, ga turakar maigida, ga ɗakunan mata kowace da nata. Yaro a ɗakin uwarsa ya ke kwana, a bayanta ya ke girma, da waɗanda suka fito ciki ɗaya da shi ya ke sa hannu a ƙwarya. Su ne 'yan ɗakinsu. In girki ya zagayo kan uwarsu, ranar suna da ƙoshi da baki. In ya koma kan kishiya, sai su koyi haƙuri da lura da girman malmala. Abin da uba ke da shi, gona ce, gida ne, doki ne, rawani ne, kowanne in wani ya samu wani ya rasa. Abin da uwa ke bayarwa kuwa ba a kai shi gaban alƙali a raba. Saboda haka tun yaro bai san kansa ba ya riga ya koyi wanda zai ɓoye masa laifi da wanda zai kai ƙararsa.

Daga nan ne dangin uwa suka zama wurin gudu. Yaron da ya yi ɓarna gidan kawu ya ke nufa, ko rafani kamar yadda tsofaffi ke cewa kafin kalmar Fulani ta rinjaya. Yarinyar da ta yi yaji, in ta ji tsoron ubanta, wurin innarta ta ke fara sauka. Kawu ba ya jiran gadonka, kai ma ba ka jiran nasa, don haka ba abin da zai hana ku shiri. 'Ya'yansa ma taubasanka ne, ɗan mace da ɗan namiji, ku yi ta tsokanar juna da neman kuɗin shara a watan cika-ciki, ba mai fushi. Ɗan baffa kuwa, wanda gonarku ta haɗa iyaka da tasu, ba a wannan wasa da shi.

Abin da ya ƙarfafa mana wannan ra'ayi shi ne maƙwabtanmu masu bin uba da auren mata da yawa duk sun ƙera irin kalmomin nan. Fulanin da ke kiwo a dajin Sule Tankarkar in za su ambaci zumunta mai taushi sai su ce enɗam, daga sunan nono. Zabarmawa suna da nya-ize, ɗan uwa, da baaba-ize, ɗan uba, na biyun kuma ma'anarsa abokin gasa. Mutanen Mali suna da badenya da fadenya, daidai da 'yan'uwantaka da 'yan'ubanci kamar an auna. Babban sarkinsu Sunjata, wanda ya kafa daular wajen 1235, sunansa Sogolon Jata ne aka taƙaita, watau Jata na Sogolon, uwarsa, kuma wanda ya sa shi gudun hijira tun yana yaro ɗan'ubansa ne da uwar ɗan'uban. Larabawa fa, waɗanda ba wanda ya kai su ƙidaya ubanni? Kalmar da su ke kiran zumunta da ita, rahim, mahaifa ce. Yunanawan da ma, kalmarsu ta ɗan'uwa ma'anarta wanda kuka fito mahaifa ɗaya, ga su kuwa masu bin uba ne tsantsa.

Shari'a ta zo ta tarar da abin haka, ta ba kowane gefe haƙƙinsa, ba daidai wa daida ba. Nasaba ta uba ce, waliccin aure na dangin uba ne, kawu kuma ba ya cikin masu rabo ayyananne. Malamai suka kawo mana kalmomi uku da suka fi namu tsagewa: shaƙiƙi, wanda kuka haɗa uwa da uba, li'abi, uba kaɗai, li'ummi, uwa kaɗai. Li'ummi yana da sudusi in shi kaɗai ne, in sun fi ɗaya su raba sulusi, idan mamacin bai bar ɗa ko uba ba, kuma a nan ne mace da namiji ke samun rabo daidai. Amma a wajen renon yaro in aure ya mutu, mazhabar Maliku ta juya gaba ɗaya wajen mata: uwa tukuna, sa'an nan uwar uwa, 'yar'uwar uwa kuma tana gaban goggo. Iyaye maza da yawa a ƙasarmu ba su son jin wannan babi, sukan ƙwace yaro da an yaye shi, su ce ai ɗa na uba ne. Su tambayi alƙali. Nono kuwa shari'a ta ba shi ƙarfin da ya kai na jini a wajen aure, har yaran da ba su haɗa kowa ba, in mace ɗaya ta shayar da su, sun haramta ga juna. Kada kuma a manta, duk sharifin da ke duniya ta wajen mace ya ke kai kansa ga Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, watau ta Nana Faɗimatu.

Ba alheri kaɗai mu ke jingina wa nono ba, kuma a nan maganar ta ke da ɗaci. In yaro ya fito da wani mugun hali sai a ce a nono ya sha. A zamanin bauta ɗan baiwa bawa ne, ko wane ne ubansa, sai fa in ubangijinta ne ya haife shi, sa'an nan ya zama ɗa, ya ci gado, har ya yi sarauta. Cucanawa ta wajen uwa suka gaji ƙangin. Dokar Gwamna Lugga ta ce duk wanda aka haifa daga watan Afrilu 1901 ɗa ne, a 1936 kuma aka soke bautar ɗungum, amma har yau in an zo binciken aure akwai tsohuwar da za ta rage murya ta ce a dai duba wajen uwar. Haka camfin maita: wai wanda ya gada ta wajen uba gani kaɗai ya ke yi, wanda ya tsotsa a nono shi ne mai ci. Ba mai iya ƙidaya 'yan matan da wannan zance ya hana aure, ba su ci kowa ba, ba su san hawa ba, ba su san sauka ba. Mun hana uwa ta ba ɗanta suna da gado, sa'an nan in abin kunya ne mu ce nata ne. Wannan ba adalci ba ne, kuma ba mu ga malamin kirki da ya goyi bayansa ba.

Wani abu kuma da uwa ke bayarwa ba a rubuta shi a girgam, shi ne harshe. Gidan sarautar Gumel Mangawa ne har gobe, da sunan da tarihin, amma Hausa a ke yi a fada da kasuwa. Mu dai muna zaton ɗakuna ne suka yi wannan aiki a hankali, gama yaro ba ya koyon magana a zaure.

Zamanin nan ya ƙaro wa tambayar wani nauyi da kakanninmu ba su sani ba. Tsakanin 1906 da 1908 Ingilishi da Faransawa suka kafa alamun iyaka, Tumbi ta faɗa wancan gefe, Gumel ta faɗa wannan. Aure bai san da haka ba. A Maigatari gidaje da yawa in uba na nan ne, uwa daga wajen Dungas ko Magarya ta ke, ko kuwa a juya. Da aka rufe iyaka a watan Agusta 2019, har zuwa Disamba 2020 da Maigatari ta shiga cikin ƙofofi huɗu na farko da aka buɗe, 'yan kasuwa sun yi kukan hasara, an kuwa ji su. Ba a cika jin kukan wanda gidan kawunsa ya koma wata ƙasa ba.

To, yaron irin gidan nan ɗan wace ƙasa ne? Tsarin mulkin Nijeriya na 1999, a sashe na 25, ya karɓi uwa kamar yadda ya karɓi uba, ko ɗaya daga cikinsu ya isa. Nijar ma ta gyara dokarta a 1999 don mace ta iya ba ɗanta ƙasa. An kuwa taɓa gwada ƙarfin wannan ƙa'ida tun a ƙarƙashin tsarin mulkin 1979. A watan Janairu 1980 gwamnatin tarayya ta kama Alhaji Shugaba Abdurrahman Darman, shugaban masu rinjaye a majalisar dokokin Jihar Barno, ta fitar da shi zuwa Cadi, wai ubansa mutumin can ne. Babbar kotun Maiduguri ta duba, ta ce uwarsa 'yar ƙasar nan ce, saboda haka shi ma ɗan ƙasa ne, ba mai ikon korarsa, kotunan sama kuma ba su rushe wannan ba. Sai dai a ƙasa, wurin da talaka ke zuwa neman takardar shaidar asalin ƙaramar hukuma don makaranta ko aiki, galibi garin uba a ke tambaya. Yaron da aka haifa a Gagarawa, ya girma ɗakin uwarsa a Gagarawa, in ubansa baƙo ne da ya rabu da uwar ya tafi, sai a ce ya je garin uban ya karɓo, garin da watakila bai taɓa takawa ba.